Mutumin da ya kwana uku bai kunna kamara ba

Jiya a teburin mai shayi muka yi musu a kan wani fim har shayina ya huce, shi ya sa na ce bari in rubuta.

Bara wani mai shirya finafinan tafiye-tafiye ya sauka mana a kasuwar Mile 12 da ke Legas. Shi kaɗai, da jaka a baya, da 'yar kamara, da makirufo mai gashi kamar jelar mage. Ya gaida shugabannin kasuwa, ya nemi izini, ya samu benci ya zauna. Kwana uku bai ɗauki komai ba. Har 'yan dako suka fara raɗe-raɗin ko jami'in haraji ne. Da na tambaye shi, sai ya ce jira yake mu gaji da kallonsa.

Mun kuwa gaji. Ranar ta huɗu, wajen ƙarfe 4 na asuba, tirelar tumatir ta iso daga Kadawa ta jihar Kano bayan ta kwana biyu a hanya. Ya tsaya daga gefe bai ce wa kowa ya gyara tsayuwa ba. Ya ɗauki yadda ruwan ruɓaɓɓen tumatir ke bin wuyan ɗan dako daga ƙasan kwando. Ya ɗauki direba yana alwala da ruwan leda, idonsa jawur, da dillali yana ciniki da wata 'yar kasuwa cikin Yarabanci mai ƙanshin Katsinanci. Babu kiɗa, babu muryar da ke bayani.

Abokin musuna ya ce wannan ba fim ba ne, wa zai zauna minti biyar yana kallon ana sauke kwanduna? Na ce ni. Ai mun ga ɗaya salon. Mutum zai zo Legas ya yi kwana biyu, ya tashi jirgi maras matuƙi a kan unguwar kan ruwa ta Makoko, ya haɗa da gadar Third Mainland, ya ɗora kiɗan tausayi, shi ke nan ya san Legas. Mu 'yan Arewa kuma ba a tuna mu sai an hana acaba, kamar yadda aka yi a wasu ƙananan hukumomi a 2022, ko rikici ya tashi. Alhali tun 1911 layin dogo ya isa Kano, kuma kakannin wasunmu fataucin goro ya zaunar da su Agege. Mai gaggawa ina zai ga wannan?

Aikin kuma ba daɗi. Na ga mutumin nan yana kwana a masaukin da ni ba zan kwana ba, yana rungumar kamara cikin riga in ruwa ya sauko. Ya ce awa arba'in ya ɗauka don ya fitar da ɗaya.

Amma ina da ƙorafi. Fim ya fita, an nuna shi a ƙasashen waje, mu kuma adireshin intanet kawai aka turo mana. Da ya dawo da majigi ya kafa farin ƙyalle a bakin rumfa dare ɗaya, me zai rage masa?

A wayata na nuna wa dattijon da aka fi ɗauka, da datata. Ya kalla shiru, ya ga kansa da kwando a ka, sai ya ce: "Ɗana, ashe haka na rame? Kada ka tura gida."