Ruwan Bath: zafi ne ke aikin, ma'adanai ke karɓar yabo

A garin Bath da ke kudu maso yammacin Ingila, ruwa na ɓuɓɓugowa daga ƙasa da zafin da ya kai kusan digiri 46, fiye da lita miliyan ɗaya a kowace rana. Asalinsa ruwan sama ne da ya sauka a tsaunukan Mendip, ya tsiyaya ta cikin duwatsu zuwa zurfin da ya haura kilomita biyu, zafin cikin ƙasa ya dafa shi, sannan ya samu tsaga ya dawo sama ɗauke da ma'adanai irin su gishiri da kalsiyam. Wannan babu mai musu a kai. Gardamar tana kan abin da ake cewa ruwan na yi wa jiki.

Romawa sun gina wurin bauta a bakin maɓuɓɓugar tsakanin shekara ta 60 da ta 70 miladiyya, suka kira garin Aquae Sulis. Masu tonon kayan tarihi sun tsamo tsabar kuɗi sama da 12,000 da aka jefa cikin ruwan, da wasu ƙananan allunan dalma kusan 130 masu ɗauke da tsinuwa. Da yawa cikinsu kan ɓarayi ne: mutum ya tuɓe ya shiga wanka, ya fito ya tarar an yi awon gaba da rigarsa, sai ya rubuta ƙara ga gunkin wurin. Ashe ɓarawon bakin wanka ba yau ya fara ba.

Sunan da garin ya yi a matsayin gidan magani kuwa ya samu babban tallafi ne daga fada. A 1687 Mary ta Modena, matar Sarki James na biyu, wadda ta daɗe tana neman magaji, ta yi wanka a Bath. Shekara na zagayowa ta haifi ɗa namiji. Shi ke nan, labari ya karaɗe ƙasa. Babu wanda ya tsaya ƙirga matan da suka shiga ruwan nan suka koma gida yadda suka zo, domin wanda bai dace ba ba ya ba da labari. Har yau da irin wannan shaida ake tallar ruwan ma'adanai a ko'ina: sarauniya ta zo, Romawa sun yarda, shekara kusan dubu biyu ana yi. Daɗewar magana ba ita ce hujjarta ba.

Sai dai ba na cikin masu cewa duk abin yaudara ne. Asibitin da aka buɗe a garin a 1742 domin talakawa ya riƙa ajiye bayanan majinyata, kuma cikin waɗanda suka fi samun sauƙi akwai masu shanyewar hannu sakamakon gubar dalma. Wasu a wurin sana'a suka kwaso ta, kamar masu fenti, wasu kuma a giyar tuffa da aka sarrafa da kayan dalma. Sun zo hannu na reto, da dama sun koma suna iya riƙe abu. Amma a duba abin da ya faru da su: an raba su da tushen gubar na tsawon makonni, an ciyar da su, an hutar da su. Ga kuma zama cikin ruwa har wuya, wanda an san yana tura jini zuwa ƙirji ya sa ƙoda ta ƙara fitar da fitsari. Duk wannan ba ya buƙatar ruwa na musamman.

Haka batun ciwon gaɓoɓi. Ruwan ɗumi na sassauta jijiya, yana ɗauke wa gwiwa da ƙugu nauyin jiki, sai mai amosanin gaɓoɓi ya iya motsin da ya gagare shi a tudu. Sauƙin na gaske ne. Amma da masanan Cochrane, ƙungiyar da ke tantance binciken lafiya, suka tattara binciken da aka yi kan wankan ma'adanai ga masu wannan ciwo a 2015, sun ga hujjar ba ta kai a ce ya fi sauran hanyoyin jinya ba.

Abin da masu talla ba sa son ambata shi ne 1978. A shekarar wata yarinya ta yi iyo a ruwan Bath, ta kamu da wani nau'in sanƙarau da wata ƙwayar halitta mai son ruwan ɗumi ke haddasawa, ta rasu. Aka rufe wuraren wanka, kuma sai a 2006 aka buɗe sabon gidan wanka, da ruwan da ake janyowa ta rijiyar burtsatse a tace shi. Tsohon tafkin Romawa, wanda gansakuka ta mai da shi kore shar, yanzu na kallo ne kawai, ba a shiga.

A 2021 UNESCO ta sanya Bath cikin jerin garuruwan wanka 11 na Turai, tare da irin su Vichy ta Faransa da Baden-Baden ta Jamus. Gine-gine da tarihi aka karrama, ba takardar likita aka bayar ba. Mai ciwon baya da ya samu hali ya je ya jiƙa jikinsa zai ji daɗi, babu laifi. Wanda nake tsoro shi ne mai hawan jini ko ciwon zuciya da zai ajiye maganinsa saboda ƙasidar talla, alhali shi ne ma ya kamata ya fara jin ta bakin likita kafin ya daɗe a ruwan zafi.