Mu ma a Damagaram muna buƙatar irin tsarin Aro

Sannunku da aiki. Na karanta abin da kuka rubuta kan tarihin asibitin masu taɓin hankali na Aro da ke Abeokuta, amma kun yi saurin wuce wurin da ya fi muhimmanci. A 1954 Dakta Lambo, likitan masu taɓin hankali a asibitin, ya kauce wa tsarin kulle marasa lafiya bayan katanga. Ya sauke su a gidajen mutanen ƙauyukan da ke kewaye, kowa da ɗan'uwansa mai jinya. Da safe a je asibiti a ga likita, da yamma a koma cikin jama'a. Har masu maganin gargajiya ya jawo a jiki.

Mu nan Damagaram fa? Wallahi na ga saurayi a unguwarmu ɗaure da mari a gindin dogon yaro, ƙafar ta yi gyambo, mahaifiyarsa na dama masa fura tana hawaye. Ba mugunta ba ce, baiwar Allah ta sayar da awakinta kaf wajen neman magani. Ga tramol kullum yana ƙara mana irinsu.

Don Allah mahukunta su horar da ma'aikatan jinya na ƙauyuka kan wannan ciwo, a kuma rage kuɗin maganin.