Allura Ba Ta Fi Ƙwaya Ƙarfi Ba

Da yawa cikinmu in ciwon baya ko na gaɓoɓi ya matsa, sai a nufi kemis a ce "a yi mini allura, ƙwaya ba ta yi mini aiki." Gaskiyar magana, diclofenac, maganin kashe zafi da kumburi da ke cikin allura, shi ne dai wanda ke cikin ƙwaya. Duk ta inda ya shiga, jini ne ke ɗaukarsa, aikinsa kuma ɗaya: hana jiki sarrafa prostaglandin, sinadarin da ke sa jijiyoyin wurin da ya kumbura su riƙa aika saƙon zafi zuwa ƙwaƙwalwa. Abin da allura ta fi shi ne ɗan sauri, ko amfani ga mai amai da wanda ba ya iya haɗiya.

Masu gyambon ciki ma kan ce allura ba ta taɓa ciki. Tana taɓawa, domin wannan sinadarin da take ragewa shi ke kare bangon ciki, kuma ƙoda ma tana buƙatarsa. Ga haɗarin ƙurji, ga na taɓa babbar jijiyar ƙafa idan aka soka a ɗuwawu ba daidai ba, musamman ga yara.