Ba Hausawa kaɗai suka yi yaƙin Biyafara ba

Jiya wajen mai shayi a Kawo wani yana ta cika baki wai yaƙin basasa Hausawa ne kawai suka yi shi, haba malam! Eh hedkwatar Runduna ta Ɗaya tana nan Kaduna, a lokacin Mohammed Shuwa ke riƙe da ita, amma ɗimbin sojojin da suka taka daji da ƙafa daga jihar Binuwai-Filato suka fito, Tibi da Angas da Idoma da sauransu, kuma ta Makurɗi aka dinga tura su gaba tun Yulin 1967. T.Y. Danjuma da ya shiga Inugu a Oktoban shekarar ɗan Takum ne, lokacin Takum tana cikin jihar. Shi kanshi Gowon fa Angas ne, tasowa kawai ya yi a Wusasa.