Alherin Allah Ba Na Sayarwa Ba Ne

'Yan'uwana a cikin Almasihu, salama a gare ku. Akwai wata koyarwa da ta shigo majami'unmu har ta samu wurin zama a kujerar gaba, ga shi mun yi shiru muna kallo. Koyarwar tana cewa in bangaskiyarka ta cika ba za ka yi ciwo ba, ba za ka yi talauci ba. In kuwa wahala ta same ka, to ko dai akwai zunubin da ka ɓoye, ko kuma ba ka “shuka iri” yadda ya kamata ba. Ni ban yarda da wannan koyarwa ba, kuma abin yana ci mini rai, domin tana taɓa ainihin abin da ya sa muke Kirista.

Na halarci wata addu'ar dare a garinmu da aka gayyato baƙon mai wa'azi. Da dare ya raba, waƙa ta yi daɗi, jiki ya ɗauka, sai aka fara rabon ambulan. Aka ce masu dubu hamsin su fara fitowa a ɗora musu hannu. Bayansu masu dubu ashirin, sannan masu dubu goma. Mai POS yana tsaye dab da bagade saboda waɗanda ba su zo da kuɗi a hannu ba. Da aka sauko kan masu dubu ɗaya, sai aka ce su miƙe a inda suke a yi musu addu'a a dunƙule. Kusa da ni akwai wata gwauruwa mai suyar ƙosai, ɗanta yana fama da ciwon sikila. Ina gani ta kwance bakin zanenta, ta ƙirga jarin ƙosan nan kaf ta zuba a ambulan, hannunta yana rawa. An faɗa mata iri mai zafi shi ke kawo girbi mai yawa. Ba a jima ba ciwon yaron ya tashi, ana neman ƙarin jini, ko kuɗin mota zuwa asibiti ba ta da shi. Zumuntar mata ce ta yi karo-karo aka kai shi. Da na je gaishe su, abin da ta ce mini shi ne: “Malam, bangaskiyata ce ba ta kai ba.” Jarin da ta rasa ana iya sake tara mata. Amma an bar ta tana zargin kanta, tana ganin Allah ya auna ta ya tarar ba ta cika ba. Wannan ɓarnar ta fi zafi.

Bari mu buɗe Littafi Mai Tsarki a daidai wurin da ake ɗauko maganar shuka iri, wato 2 Korantiyawa 9:6, inda Bulus ya ce wanda ya shuka kaɗan, kaɗan zai girba. Ayar tana nan, ba mai musu. Sai dai a koma baya a karanta tun daga farkon sura ta 8. Bulus yana tara gudummawa ne domin matalautan masu bi da ke Urushalima. Kuɗin daga hannun ikilisiyoyin Makidoniya da Akaya yake fitowa, ya tafi wurin masu jin yunwa, ko anini bai shiga aljihun Bulus ba. Ya ce a bayar gwargwadon abin da mutum yake da shi. Ya ce ba nufinsa ba ne a sauƙaƙa wa waɗansu a ƙuntata wa waɗansu, abin da yake nema shi ne daidaito, mai yalwa yau ya tallafi marashi, gobe shi ma a tallafe shi. Wato in an bi wannan nassi yadda aka rubuta shi, mai ƙosan nan ita ce za a miƙa wa ambulan, ita ce Urushalimar da ake tara wa.

Haka ake yi da labarin gwauruwar da ta zuba 'yan tagulla biyu a Haikali, Markus 12:41 zuwa 44. Ana karanta shi lokacin baiko domin a zaburar da talakawa. Gaskiya ne Yesu ya ga zuciyarta ya ce ta fi kowa bayarwa. Amma a ɗaga ido zuwa aya ta 40 kawai. A nan ne ya gama kashedi game da malaman Attaura masu dogayen riguna da dogayen addu'o'i, waɗanda suke cinye gidajen gwauraye, ya ce hukuncinsu zai fi tsanani. Yana rufe baki ke nan sai ga gwauruwa ta zo ta zuba duk abin da za ta ci. Duk mai wa'azin da zai karanta aya ta 42 ya tsallake ta 40, ya ji tsoron Allah.

Maganar cewa wahala shaidar zunubi ce kuwa tsohuwa ce, tun abokan Ayuba suka yi ta. Elifaz da Bildad da Zofar sun zauna da shi kwana bakwai ba su ce uffan ba, da suka buɗe baki sai suka dage lallai akwai abin da ya yi. A sura ta 42 Allah ya ce ya husata da su domin ba su faɗi gaskiya game da shi ba. Almajirai ma sun tambayi Yesu game da wanda aka haifa makaho, wa ya yi zunubi, shi ko iyayensa? Ya ce ba ko ɗaya. Da aka kawo zancen mutum 18 da hasumiyar Siluwam ta faɗa wa, ya ce ba su fi sauran mutanen Urushalima laifi ba.

Sura ta 12 ta Ayyukan Manzanni ita ce wadda nake so kowa ya zauna da ita. A farkon surar Hirudus ya sa aka kashe Yakubu ɗan'uwan Yahaya da takobi. A cikin surar nan dai aka kama Bitrus, aka ɗaure shi da sarƙa biyu tsakanin sojoji, mala'ika ya zo da dare ya fitar da shi. Manzanni biyu, ikilisiya ɗaya, Ubangiji ɗaya. Wa zai iya tsayawa ya ce Yakubu ƙarancin bangaskiya ne ya kashe shi? Ibraniyawa 11 ma haka ta jera su: ta wurin bangaskiya waɗansu suka rufe bakin zakoki, ta wurin bangaskiyar nan kuma aka jejjefi waɗansu, aka raba waɗansu biyu da zarto. Duka a jeri ɗaya aka yaba musu. Shi kansa Bulus, wanda Allah ya warkar da mutane ta hannunsa, sau uku ya roƙa a cire masa ƙayar da ke jikinsa, amsar da ya samu ita ce alherin Ubangiji ya ishe shi. Ya bar Tarofimas ba lafiya a Militas. Ya ba Timoti shawara kan ciwon ciki da yawan rashin lafiyarsa. Sau biyar aka yi masa bulala arba'in ba ɗaya, sau uku jirgin ruwa ya farfashe da shi. In da wadata ce ma'aunin bangaskiya, da Bulus bai ci jarrabawar ba.

Tushen maganar dai shi ne gicciye. Mun ba da gaskiya cewa Ɗan Allah ya ɗauki jiki, ya zauna a cikinmu, bai da wurin da zai sa kansa. A Getsamani ya roƙa a ɗauke masa ƙoƙon wahala, sannan ya miƙa kansa ga nufin Uba, aka kuwa bar shi ya sha. Ba wanda ya kai shi bangaskiya, ba wanda ya kai shi tsarki, amma a tsakanin 'yan fashi biyu ya mutu. Lokacin da ya fara gaya wa almajirai cewa zai sha wuya a kashe shi, Bitrus ya ja shi gefe yana tsawata masa, shi kuma ya juya ya kira wannan tunani na Shaiɗan. Almasihu marar gicciye Bitrus yake so a ranar, shi ne kuma ake tallata mana yau. Lokacin da shugabannin ikilisiya suka taru a Nikiya a shekara ta 325 suka rubuta abin da muka gaskata, sun ce domin mu mutane da domin cetonmu ya sauko, ya ɗauki jiki, ya sha wahala, ya tashi a rana ta uku. Shekara 1700 ke nan cif a 2025, kuma har yau a kan wannan muke tsaye. Ceton da aka saya da jini ba a sake saya da naira. Afisawa 2:8 da 9 ta ce ta wurin alheri aka cece mu, kyauta ce, domin kada kowa ya yi fahariya. Da Saminu mai sihiri ya miƙa wa manzanni kuɗi a Samariya yana neman ikon Ruhu, Bitrus cewa ya yi kuɗinsa su hallaka tare da shi, tun da yana tsammanin baiwar Allah sayenta ake yi.

Mu Kiristocin Arewa ya kamata mu fi kowa gane wannan. Walter Gowans da Thomas Kent da Rowland Bingham sun sauka Legas a 1893 da niyyar kawo bishara ƙasar nan. Kafin 1894 ta ƙare biyu na farkon sun rasu, zazzaɓi da ciwo sun cinye su, ba su ga ko mutum ɗaya ya tuba ba. Daga wannan aikin ne ikilisiyar ECWA ta fito. A zamaninmu kuma ga 'yan'uwanmu na EYN, wato Ekklesiyar 'Yan'uwa a Najeriya, waɗanda hedkwatarsu da ke Kwarhi ta faɗa hannun Boko Haram a 2014, a shekarar da aka sace 'yan matan Chibok, yawancinsu 'ya'yan wannan ikilisiya. Ga Rabaran Lawan Andimi, shugaban Ƙungiyar Kiristoci ta Najeriya (CAN) na Michika, wanda aka kama a farkon Janairun 2020. A bidiyon da aka fitar yana hannun masu garkuwa da shi, ya yi magana a natse, ya ce bai karaya ba domin komai yana hannun Allah. Ikilisiyoyi sun yi azumi, sun yi addu'a, amma kafin watan ya ƙare aka kashe shi. Wanda ke koyar da cewa mai cikakkiyar bangaskiya masifa ba ta samunsa, me zai faɗa wa iyalin wannan bawan Allah? Koyarwar da ba za a iya yin wa'azinta a Michika ko a sansanin 'yan gudun hijira ba, bai kamata a yi wa'azinta a Abuja ba.

Koyarwar nan ma ba daga manzanni muka gaje ta ba. A Amurka ta bunƙasa bayan yaƙin duniya na biyu, a bakin masu wa'azin rediyo da talabijin irin su Oral Roberts, wanda ya yaɗa maganar shuka irin bangaskiya, daga baya ta ƙetaro mana. Masanan tauhidi na Afirka da suka zauna a Akropong ta ƙasar Gana a 2008 da 2009 sun fitar da matsaya suna ƙin ta. Tun a 1517 ma abin da ya tayar da Martin Luther a Wittenberg ke nan, sayar da takardun gafara ga talakawa.

Kada a ɗauka ina cewa Allah ba ya warkarwa. Yana warkarwa, na gani, kuma Yakubu 5:14 ta umarce mu mu kira dattawan ikilisiya su yi wa marar lafiya addu'a. Talauci kuma ba tsarki ba ne, ina so 'ya'yanmu su yi karatu, su yi sana'a, su samu. Ban ga laifin masu cika irin waɗannan tarurruka ba. Tun da aka cire tallafin mai a 2023 kowa ya san yadda kwanon masara da kuɗin magani suka koma, wanda ruwa ya ci kuwa ko takobi aka miƙa masa kamawa zai yi. Laifin yana kan mai miƙa takobin, da kuma mu da muka bar mutane cikin ruwan. Ma'aikaci ya cancanci ladansa, kuma na san fastocin ƙauye da suke noma da hannunsu domin albashi ba ya zuwa a kan kari. Su ma wannan koyarwa tana cutar da su, domin mutanensu suna kallon tsohon babur ɗinsu suna cewa ba su da shafewar Ruhu Mai Tsarki.

Nasara tana nan, amma ta bayan kabari ce ta tabbata. Bulus ya ce in a wannan rai kaɗai muke sa zuciya ga Almasihu, mun fi dukan mutane zama abin tausayi. Almasihu ya tashi, mutum fiye da 500 sun gan shi a lokaci ɗaya, saboda haka Yakubu da aka sare da takobi bai yi asara ba, Andimi bai yi asara ba, uwar mai sikila da ta yi addu'a ciwo bai tafi ba ita ma Allah bai juya mata baya ba.

Ina roƙon iyayenmu fastoci da dattawa abu biyu. Kafin ku ba baƙo bagade, ku tambaye shi abin da zai koyar, kuma ku hana kiran mutane gaba bisa ga yawan kuɗinsu, domin wasiƙar Yakubu sura ta 2 ta riga ta yanke hukunci kan fifita mai zoben zinariya a kan mai tsumma. Na biyu, ku yi yadda Bulus ya yi da gudummawar Urushalima. Bai riƙe kuɗin shi kaɗai ba, ya haɗa Titus da ɗan'uwan da ikilisiyoyi suka zaɓa da kansu, domin kada kowa ya samu abin zargi. A karanta lissafin baiko da zakka a gaban jama'a, a ware kason gwauraye da marasa lafiya a bayyane, kowa ya san wanda zai je wurinsa in dare ya yi yaro yana bukatar jini.