Yadda Na Zama Mai Gyaran Faifan Garmaho a Melbon

Muna yara kakata ta sha hana mu fito, wai yana kiran aljanu. Ni dai a Melbon ba aljani ya kira mini ba, maƙwabci ya kira, kuma da an ba ni zaɓi tsakanin biyun da na nemi lokacin shawara.

Ina shanya ne a bayan gida, ina fiton wata waƙa da 'yata ta kwaso daga makarantar rainon yara ta hana mu sakat da ita, waƙar wani tsuntsun Ostireliya mai suna kukabura. Sai ga kan dattijon da muke shinge ɗaya da shi ya ɓullo, fuskar nan cike da murna. Tunda muka tare, gaisuwarmu ba ta wuce ɗaga hannu ba. Ranar kuwa har da nuna ni da yatsa, ya ce ashe ni ma mutumin Men at Work ne. Ban taɓa jin sunan ba, amma a gidanmu ba a ƙaryata babba. Na ce, "Sosai ma, Baba."

Kafin zanen gadon ya bushe ina cikin falonsa, ana ɗora mini karatu.

Men at Work ƙungiyar mawaƙa ce, a Melbon ɗin nan aka kafa ta a 1979. Jagoransu Colin Hay haifaffen Sikotilan ne, iyayensa suka kawo shi Ostireliya yana ɗan shekara 14. Shi da mai jita Ron Strykert suka fara, sannan aka samu mai ganga Jerry Speiser, da Greg Ham mai busa, da John Rees. Salonsu shi ne wanda ake kira new wave, kiɗa mai sauƙin rawa da ɗan ɗanɗanon rege. A wata mashaya da ke unguwar Richmond, Cricketers Arms, suka yi suna, kuma Baba ya rantse yana cikin masu sahun gaba tun ba kowa. Na lura duk Baturen Melbon da ya haura sittin yana cikin wannan sahun gaban. Allah kaɗai ya san faɗin ɗakin.

Faifansu na farko, Business as Usual, ya fito a ƙarshen 1981. Kamfanin Amurka ya ƙi karɓarsa har sau biyu, da ya karɓa kuwa sai faifan ya yi mako 15 yana kan gaba a can. A Janairun 1983 su ne na ɗaya a Amurka da Birtaniya lokaci guda, faifan da waƙarsu Down Under duka, a Fabrairu kuma suka ɗauki kyautar Grammy ta sababbin mawaƙa. Daga nan sai kuɗi ya yi abin da ya saba. A 1984 aka sallami Speiser da Rees, Strykert ya fice ana tsaka da aikin faifai na uku, Ham ya bi bayansa, farkon 1986 taro ya watse. Baba ya faɗi wannan sashen da muryar mai isar da ta'aziyya, ni kuma na sa fuskar da ta dace.

Ana nan matarsa ta shigo da shayi da burodin da aka shafa wa Vegemite, wani baƙin abu mai tsananin gishiri da har waƙar Down Under ta ambata. Ina kokawar haɗiye lomar farko Baba ya ce in maimaita fiton don ta ji. Na maimaita, iya abin da gishiri ya bari.

Ta ajiye faranti ta ce, "Wannan ai Kookaburra ce."

Ashe na taka tsohon miki. Wata malamar makaranta, Marion Sinclair, ita ta tsara waƙar tsuntsun a 1932, 'yan matan sikawut suka yi ta rera ta. Bayan rasuwarta kamfanin Larrikin ya sayi haƙƙin waƙar. Shekara da shekaru babu wanda ya ce uffan, sai a 2007 wani shirin kacici-kacici na talabijin ya tambayi wace waƙar yara ce ke ɓoye cikin busar sarewar Down Under. Kamfani ya ji, ya garzaya kotu yana neman kashi 40 zuwa 60 cikin ɗari na kuɗin da Down Under ta samar. A 2010 alƙali ya ce lallai an ɗebo, amma kashi 5 ya yanka, daga 2002 zuwa gaba. Greg Ham, wanda ya yi busar, ya nuna takaicin cewa da wannan za a riƙa tuna shi, kuma a 2012 aka tarar ya rasu a gidansa. Baba na ganin an zalunci bawan Allah a kan 'yar busar da ba ta kai numfashi biyu ba. Matarsa, tsohuwar 'yar sikawut, na ganin kayan malama kayan malama ne. A raina na fi karkata ga Baba, don malamar ta rayu har 1988, waƙar na tashe a ko'ina, ba ta kai ƙarar kowa ba. Amma wa ya aike ni?

Suka juyo gare ni su biyun: wacce nake fito? Na duba agogo na ce lokacin sallah ya yi, wanda kuma gaskiya ne, saura awa ɗaya da rabi kacal. A bakin ƙofa Baba ya danƙa mini faifansa na asali, mai baƙi da farin bango, ya ce in je in saurara da kyau in dawo da hukunci. Ba ni da garmaho. Ban ma taɓa riƙe irin faifan ba. Na karɓa da hannu biyu.

Abin da ya biyo baya laifin mutum biyu ne: uwargida da rana. Ina fitowa uwargida ta tare ni da saƙon nama daga mahautan halal na titin Sidni, na ajiye faifan a bayan kujerar mota, daidai ƙarƙashin gilashi. Watan Janairu ne, tsakiyar bazararsu, zafi ya haura digiri 40. Da na tuna da shi, ya lanƙwashe kamar bakin tsohuwar malafa.

Na danne shi da buhun shinkafa ya kwana, bai ko gezau ba. Uwargida ta ce, "Malam, ko in jona dutsen guga?" Na ce a'a, gawar ma a bar mata mutuncinta. Ta ce to in je in faɗa wa dattijon gaskiya. Na ce ita ma shawara ce, za a duba.

Abin da ya cece ni shi ne farin jinin da suka yi. An sayar da faifan nan har ba iyaka, saboda haka shagunan gwanjo cike suke da shi. Na samu wani fes, ko ƙwarzane babu, a kuɗin da bai kai na naman ba. Bangonsa rawaya ne, irin na ƙasashen waje, amma ina ruwana da bango? Na zare faifan na zura a bangon Baba, na yi wanka, na mayar da amana.

Ya ce sai mun saurara tare. Ya ɗora allura, muka zauna mu uku. Waƙa ta uku, wato Down Under, na farawa ya ɗaga yatsa sama yana murmushi, ya ce in kasa kunne, tarihi na zuwa. Wai a Satumban 1983, da jirgin ruwan Australia II ya ƙwace kofin tseren Amurka bayan shekara 132 yana hannun Amurkawa, wannan waƙar ce taken matuƙan jirgin. Asuba ce a Melbon, ƙasa ta rikice, har firaminista Bob Hawke ya fito a talabijin ya caccaki duk maigidan da zai kori ma'aikaci don bai zo aiki ranar ba. Baba ya saka faifan, ya daka tsalle, allura ta ƙwarzane shi. Tun ranar, in an zo busar sarewa ta biyu sai ya yi tuntuɓe, kuma duk baƙon da ya shigo gidan sai an nuna masa wurin.

Sarewa ta zo. Sarewa ta wuce sumul.

Yatsan Baba na nan a sama. Ya mayar da allura baya, ta sake wucewa lafiya lau. Ya cire tabarau ya goge, ya ɗaga faifan yana haska shi da fitila. Ni kuwa na dage da kallon wani hoton jirgin ruwa a bango, ina karanto duk addu'ar da ta zo bakina.

Matarsa ce ta yanke shirun. Ta dube ni tsaf, irin kallon da ke cewa na gane ka, sannan ta juya ga mijinta ta ce, "Ba ka gani ba? Gyara maka ya yi. Shekara arba'in ina jin tuntuɓen nan, ka yi masa godiya mana." Baba ya tambaye ni da me na yi amfani. Na ce shinkafa. Ya jinjina kai a hankali, ya ce dama ya taɓa jin ana saka waya a ciki.

Washegari na buɗe ƙofa na tarar da kwali cike da faifai, da takarda a sama. Nasa ne da na abokansa na sahun gaba, kowanne an manna masa 'yar alama a inda yake tuntuɓe. Uwargida ta leƙa, ta ƙirga da ido, ta ce in zan shiga gwanjo in biya ta titin Sidni, naman ya ƙare.