Kitwe ta rubuta tarihin jan ƙarfenta, Kano fa?

A Kitwe ta ƙasar Zambiya, inda nake zaune, wanda ya nemi sanin abin da jan ƙarfe ya yi wa jama'a zai same shi a rubuce, da shekara da adadi. Zai karanta yajin aikin ma'aikatan mahaƙun jan ƙarfe na 1935, lokacin da Turawan mulki suka ƙara haraji, aka harbe ma'aikata 6 a Luanshya. Zai ga na 1940 a Nkana, inda aka rasa 17. Zai ga ranar 25 ga Satumba 1970, da laka ta ɓalle ta cika ramin mahaƙar Mufulira ta binne mutum 89. Yadda shugaban ƙasa Kenneth Kaunda ya sanar da karɓe kashi 51 na kamfanonin a 1969, da faɗuwar farashi a tsakiyar shekarun 1970, da sayar da mahaƙun da aka kammala a 2000 har asibitoci da makarantun da kamfani ke riƙe da su suka koma marayu, duk suna nan cikin littattafai. Shi ya sa idan ɗan Kitwe ya tashi yin jayayya da hukuma, da hujja yake zuwa.

Littattafan da suka fi amfani su ne waɗanda suka bayyana aikin kansa, don a nan ɓarnar take. Dutsen da ake haƙowa sau da yawa jan ƙarfen cikinsa bai wuce kashi 1 zuwa 2 cikin ɗari ba, wato kilo 10 zuwa 20 a tan guda. Sai a farfasa shi, a niƙe shi ya zama gari, a dama da ruwa da sinadarai, a hura iska. Mai ɗauke da jan ƙarfe ya taso cikin kumfa, a kwashe, ya kai kashi 25 zuwa 30. Daga nan sai tanderu mai zafin kusan digiri 1,200, inda farar wuta ke fita a hayaƙi, sannan a tace da lantarki har ya kai kashi 99.99. Ragowar fa? Kusan dukkan dutsen nan ya koma dagwalo, ana tara shi a bayan madatsa shekara da shekaru. A Fabrairun 2025 wata irin wannan madatsa ta fashe a Chambishi, ruwan asid ya gangara kogin Kafue, kifaye suka mutu, aka rufe ruwan famfon Kitwe. Mutanen unguwar Kankoyo a Mufulira kuwa sun daɗe suna shaƙar hayaƙin da ke cinye kwanon rufi ya ƙone shuka.

Wani zai ce, to ina ruwan Kano, tunda ba mu da mahaƙar jan ƙarfe? Ai tarihinmu da wannan ƙarfe ya girmi na kamfanonin Zambiya da ɗaruruwan shekaru. A 1353 matafiyi ɗan Maroko Ibn Battuta ya sauka Takedda, wadda masana da dama ke cewa ita ce Azelik ta yankin Agadas. Ya ce ana narka jan ƙarfe a cikin gidaje, a mai da shi sanduna. Masu kauri 400 ake bayarwa a kan miskali guda na zinariya, sirara 600 ko 700. Da sirara ake sayen nama da itace, da masu kauri ake sayen gero da man shanu da alkama, har da bayi, kuma ana kai shi Gobir da Barno. Da matafiyi Bajamushe Heinrich Barth ya zo Kano a 1851, ya tarar ana shigo da shi daga Tarabulus, wani kuma daga kudancin Darfur. Maƙeran fari ke karɓa su fitar da mundaye da zobba da tasoshi da adon linzami, a baje su a Kasuwar Kurmi. Sai dai wannan labari a warwatse yake cikin Larabci da Jamusanci da Ingilishi. Littafin Eugenia Herbert na 1984, Red Gold of Africa, ya tattara da yawa daga ciki, amma jikan maƙerin da ya gaji uwar maƙera a cikin birni ba da harshensa aka rubuta shi ba. Wannan yana damuna ƙwarai.

Kuma Kano na da mahaƙarta a yau, ita ce bola. Tsohuwar waya, koyil ɗin fanka, injin ban ruwa da ya ƙone, kwamfuresan firji, duk 'yan gwangwan na bi lungu-lungu suna tarawa, su sauke wa dillalai a wurare irin su Ƙofar Ruwa. Sana'a ce ta halak mai amfani, don sake narka tsohon jan ƙarfe na rage kusan kashi 85 na makamashin da haƙo sabo ke ci. Inda matsalar take shi ne ƙona waya. Robar da ke jikinta idan ta kama wuta tana fitar da hayaƙin asid mai cin huhu da ido, da wata guba da ake kira dayoksin, sannan robar tsofaffin wayoyi da yawa akwai dalma a cikinta. Tokar nan tana zama a ƙasa, damina ta wanke ta zuwa kwata da rijiya. Yaran da ake sa wa juya wutar da sanda su ne suka fi shaƙa. Ga asara kuma: wuta tana sa jan ƙarfen ya yi baƙi ya yi ɓawo, sirara su rududduge su bi toka, dillali ya saye shi ƙasa da farashin mai sheƙi. Waya mai kauri wuƙa ta ishe ta, a tsaga robar a tsaye a zare. Matsakaiciya akwai ƙaramin injin feɗewa na juyawa da hannu. Sirara kuwa injin daddatsawa suke so, mai raba roba da ƙarfe ta hanyar nauyi, wanda ƙungiya za ta iya haɗa kuɗi ta saya.

Haka batun jabun waya, wadda cikinta alminiyam ne aka yi mata fatar jan ƙarfe. Alminiyam kusan kashi 61 na wutar da jan ƙarfe ke ɗauka yake iya ɗauka, kuma yana saki a ƙarƙashin kusar soket, wurin ya yi zafi, roba ta narke, gobara ta tashi cikin silin. Ganewa ba wuya. A kankare bakinta da wuƙa, in fari ya bayyana to jabu ce. Ko a ɗora a sikeli: waya mai kaurin 2.5mm² ta soket, mita 100, jan ƙarfenta kaɗai ya kai kilo 2.2, ta jabu kuwa ƙarfenta bai cika kilo 1 ba. Magidanci nawa ne ya san wannan kafin ya shiga kasuwar Sabon Gari sayen kayan wuta?

Ban ce mu kwaikwayi Zambiya ido rufe ba. Yawancin tsofaffin littattafansu baƙi ne suka rubuta da Ingilishi, musamman masu binciken cibiyar Rhodes-Livingstone, ma'aikacin da ke jin Bemba kaɗai bai karanta abin da aka faɗa a kansa ba. Namu littafin da Hausa ya kamata a fara shi. Sashen tarihi na Jami'ar Bayero da Gidan Makama su naɗi muryar dattawan maƙeran fari tun suna raye, su faɗi yadda suke haɗa tagulla da inda suke samo kaya. Likitoci su auna dalma a jinin yaran da ke aiki a wuraren ƙona waya, a auna ƙasar wurin da ruwan rijiyoyin makwabta, a buga adadin yadda yake. A Zamfara a 2010 sai da yara aƙalla 400 suka rasu sanadiyyar dalmar da ke cikin dutsen zinariya da ake niƙawa a gidaje kafin a shawo kan abin. A sa babi guda kan satar wayar taransfoma, a ji ta bakin dillalan da kansu kan rajistar masu kawo kaya, don kada laifin ɓarawo ya ci gaba da hawa kan mai neman halak.